Filin Tambaya da Amsa: Office na Kirak da Abin da Ke Biyo Bayansa

Assalamu alaikum masu karatu. Wasiƙun da suka shigo wannan karon yawancinsu a kan abu ɗaya suke, wato Word da Excel ɗin da ake zuba mana a kwamfuta ba tare da lasisi ba, wanda masu gyara ke kira kirak. Na zaɓi biyar daga ciki, na fara da wadda ta fi tayar min da hankali.

Malam, ina da shagon buga takardu da fotokwafi kusa da wata makaranta, kwamfuta uku gare ni. Kwanaki Word ya fara nuna jan layi a sama wai lasisi ya ƙare, sai yarona ya sauko da wani abu daga intanet ya ce zai buɗe shi. Washegari duk fayilolin kwastomomi suka ƙi buɗuwa. An ƙara wa sunan kowanne wasu haruffa huɗu a ƙarshe, kuma a kowace folda akwai wata takarda mai suna _readme.txt da ke neman dala 980, ko 490 idan na biya cikin kwana uku. Akwai aikin ɗalibai da yawa a ciki. In biya ne? — Mai shago, Katsina

Alhaji, Allah ya mayar da alheri. Kada ka biya, kuma kada ka bari wani ya yi wa kwamfutar fomatin tukuna.

Alamomin da ka zayyana na wata muguwar manhaja ce da ake kira STOP, wasu su ce Djvu. Tun ƙarshen 2018 take yawo, kuma babbar hanyar da take shiga kwamfutar mutane ita ce wannan da yaronka ya bi: manhajojin sata da abin buɗe su. Aikinta shi ne ta kulle fayiloli da wani mabuɗin lissafi, sannan ta nemi kuɗin fansa. Masu ita ba kamfanoni suke farauta ba. Irinka suke nema, mai ƙaramin shago, ɗalibi, malamin makaranta, shi ya sa kuɗin da suke yankawa bai kai na manyan ɓarayi ba. Ko ka tura musu, babu wanda zai tilasta musu su ba ka mabuɗin.

Ga abin da za ka yi yau. Ka cire kwamfutar daga intanet, ka raba ta da sauran biyun, kada a sake sa mata filash. Ka ɗauki wayarka, ba kwamfutar ba, ka canza kalmar sirrin imel ɗinka da ta Facebook da duk wani asusun da aka taɓa buɗewa a kanta, har da na banki. Wannan ya fi gaggawa a kan fayilolin, domin sau da yawa STOP ba ta zuwa ita kaɗai. Tana tahowa da wata da ke kwashe kalmomin sirrin da burauza ta ajiye. Ka kuma gaya wa kwastomomin da suka shiga imel ɗinsu ko shafin rajistar makaranta a wannan kwamfutar su canza nasu. Na san akwai nauyi a faɗa musu, amma haƙƙinsu ne su sani.

Su fayilolin, akwai ɗan haske, sai dai ba zan yi maka alkawari ba. Kamfanin Emsisoft ya fitar da abin kwance kullin STOP kyauta a 2019, akwai kuma shafin No More Ransom da 'yan sandan Turai suka kafa tare da wasu kamfanonin tsaro a 2016. Idan lokacin da abin ya kulle fayilolin bai samu ya yi magana da uwar garken masu shi ba, wato babbar kwamfutarsu da ke intanet, to ya yi amfani da mabuɗin gama-gari, irin wannan ana iya dacewa. Idan kuwa ya samu intanet ya karɓo mabuɗin da aka yanka wa kwamfutarka ita kaɗai, babu mai iya kwancewa a yanzu. Ko da haka ne, ka kwafe fayilolin yadda suke a kulle zuwa wani faifai na daban ka adana, sannan a goge kwamfutar gaba ɗaya. Kafin nan ka bi WhatsApp da imel, za ka tarar ɗalibai da yawa ta nan suka turo maka aikinsu, kwafinsu yana nan.

Kada ka huce a kan yaron. Abin da ya ga kowa yana yi ya yi. Amma ina so kai da shi ku fahimci yadda abin yake. Microsoft yana da wani tsari mai suna KMS da ya yi wa manyan ma'aikatu masu kwamfuta ɗaruruwa: kowace kwamfuta ta tuntuɓi uwar garken ma'aikatar, a sabunta mata lasisi na kwana 180. Abubuwan buɗewa irin su KMSPico kwaikwayon wannan uwar garke suke yi a cikin kwamfutarka, su yaudari Office. Don su yi haka dole ka ba su cikakken iko a kan Windows, kuma umarnin farko da ake ba ka shi ne ka kashe Windows Defender, wato antibairos ɗin da ke zuwa da Windows, wai kada ya hana. Ka duba fa: ka sallami maigadi da hannunka, ka miƙa wa mutumin da ba ka taɓa gani ba makullan shago, don kawai ya ce ya iya ɓalle kwaɗo. Wanda ya ɗora wannan fayil a intanet yana biyan kuɗin shafi, yana biyan kuɗin talla don ya fito a saman Google. Ba don Allah yake yi ba. Kai ka ci sa'a ta wani ɓangaren, naka ya fito fili ya nemi kuɗi. Akwai waɗanda nasu ke zaune shiru wata da watanni yana kwasar bayanai, ko yana haƙar kuɗin kirifto da wutarsu da injinsu, su dai kawai su ga kwamfuta ta yi nauyi, fanka tana ta gudu.

Idan aka gama gogewa, ka karanta amsar da ke biye, ita ce abin da za ka zuba a madadinsa. Ka kuma sayi faifan ajiya na waje, duk ranar Alhamis a kwafe aikin mako a ciki, a cire shi a sa a durowa. Wanda aka bari a maƙale da kwamfuta tare ake kulle su.

Yaya, ni ɗaliba ce a ajin ƙarshe, ina rubuta kundin kammala digiri. Laftof ɗina ta hannu ce, da Office 2010 a ciki na saye ta. Yanzu ta hana ni rubutu sai karatu kawai. Don Allah ka turo min inda zan samu abin buɗewa mai kyau wanda babu bairos. Malamina ya ce shi Word kawai yake karɓa. — Ɗaliba, Zariya

Ƙanwata, ba zan turo ba, kuma ba rowa ba ce. Babu hanyar da ni ko ke za mu bi mu tabbatar wani kirak yana da tsabta, tunda duk antibairos zai yi ihu a kansa, mai guba da marar guba, ke kuma an riga an ce miki ki toshe kunne.

Akwai ma matsala ta biyu. Microsoft ya daina gyara Office 2010 tun Oktoban 2020. Na 2013 ya bi baya a Afrilun 2023, na 2016 da na 2019 kuma a Oktoban 2025. Duk ɓarakar da aka gano bayan nan, a buɗe za ta zauna. A Nuwamban 2017 an toshe wata ɓaraka a ɓangaren rubuta lissafi na Office wadda ta shekara 17 a ciki ba a sani ba. Shekaru bayan toshe ta masu kutse suka ci gaba da cin kasuwa da ita, saboda dubban kwamfutoci ba su taɓa karɓar gyaran ba. Takardar Word kawai za a turo miki a imel, wai sanarwar tallafin karatu ce, kina buɗewa an shiga. Mai Office na kirak kuwa tsoron sabuntawa yake yi kada asiri ya tonu, don haka shi ne a sahun gaba.

Malaminki bai ce sai kin yi rubutu a cikin Word ba. Abin da yake nufi shi ne ki kawo masa fayil da zai buɗu a Word ɗinsa, wato mai .docx a ƙarshe. Manhajoji da yawa suna yin wannan, kyauta, kuma da izinin masu su.

Wadda na fi ba mutane ita ce LibreOffice. Asalinta wata manhajar Jamus ce mai suna StarOffice, kamfanin Sun ya saye ta a 1999 ya buɗe ta ga kowa da sunan OpenOffice. Da Oracle ya haɗiye Sun a 2010, sai masu aikin sa kai da ke gina ta suka ware suka kafa gidauniyar The Document Foundation, mai mazauni a Jamus, suka ci gaba da aikin da sabon suna. A ciki akwai Writer a madadin Word, Calc a madadin Excel, Impress a madadin PowerPoint. Ba ta da talla, ba ta neman ki yi rajista, ba ta buƙatar intanet bayan an zuba ta, ba kuma ranar da za ta wayi gari ta ce lasisi ya ƙare. Nauyinta bai kai rabin gigabayit ba. Lasisinta ya yarda a kwafa a raba, don haka mutum ɗaya a ɗakinku zai iya sauko da ita daga libreoffice.org, sauran su karɓa a filash. Daga wannan shafin kawai, ban da wani. Kada kuma ki ɗauka kayan marasa galihu ne: gwamnatin jihar Schleswig-Holstein a Jamus ta yanke shawarar mayar da kwamfutocin ma'aikatanta kusan 30,000 kan LibreOffice, ma'aikatar tsaron Italiya ma ta kama wannan hanya tun 2015.

Abu uku za ki yi da zarar kin zuba ta. Ki shiga Tools, sai Options, sai Load/Save, sai General, a wurin da aka rubuta Always save as ki zaɓi Word mai .docx. Daga nan ba sai kin riƙa tunawa ba. Na biyu, ki yi rubutun da Times New Roman kamar yadda yawancin sassa ke buƙata, tunda yana cikin Windows, babu abin da zai goce. Rikicin da ake samu na shafi ya zame galibi daga salon haruffa yake, idan babu wanda aka yi rubutun da shi a ɗaya kwamfutar. Na uku, ranar kai wa a buga, ki mayar da kundin PDF, maɓalli ɗaya ne a sama. PDF ba ya motsi ko a wace kwamfuta aka buɗe shi.

Ba zan ɓoye miki ba, takarda mai jadawali a cikin jadawali, ko hotuna da aka jera rubutu na zagaye su, takan ɗan goce tsakanin Writer da Word. Idan kundinki irin wannan ne, ki gwada OnlyOffice, ta wani kamfani da ke Latbiya. Ita kai tsaye da tsarin .docx take aiki, kamanninta ma kusan na Word ne, wadda ake zubawa a kwamfuta kyauta ce. Gyaran da malami zai yi miki da jan rubutu da sharhin gefe duk suna fitowa a cikin biyun. Don jera manazarta kuma ki nemi Zotero, kyauta ce, tana aiki da Word da LibreOffice.

Sannan ki je sashen kwamfuta na makarantarku ki tambaya ko suna ba ɗalibai imel na makaranta. Microsoft yana da tsarin da ke bai wa makarantun da suka yi rajista Office na intanet kyauta, ɗalibai da yawa suna da wannan dama ba su sani ba. Ko babu, duk mai asusun Microsoft zai iya buɗe Word da Excel a burauza ba tare da biyan ko sisi ba, da ma'ajiyar gigabayit 5. Google Docs ma haka, da gigabayit 15. Illarsu a wurinmu ita ce data da rashin sabis. Amfaninsu kuwa, ko an sace laftof ɗin kundinki yana nan. Ni shawarata ki yi rubutu a LibreOffice, duk dare ki tura wa kanki kwafi a imel.

Abu ɗaya da zai iya kawo cikas: sababbin fitowar LibreOffice sun daina aiki a Windows 7 da 8. Idan laftof ɗin tana kan ɗayansu, to Windows ɗin kanta ta tsufa, an daina gyara Windows 7 tun Janairun 2020. Wannan magana ce ta wani makon.

Malam, ni ke haɗa sakamakon jarrabawa a makarantarmu ta kuɗi, da Excel nake yi. Shugaban makaranta ya ji tsoro bayan abin da ya samu wata makaranta, ya ce mu bar na kirak. Shin Calc zai iya aikin? Wani kuma ya ce zai sayar mana da lambar lasisi ta asali a kan kuɗi kaɗan. — Malamin lissafi, Gusau

Malam, shugabanku ya yi tunani. Sunayen yara, ranar haihuwarsu, lambobin iyayensu, duk amana ce a hannunku, kuma tun 2023 Najeriya tana da dokar kare bayanan jama'a da ta ɗora wa duk mai riƙe da irin waɗannan nauyin tsare su.

Calc zai yi. Tara maki, fitar da matsakaici, jera na ɗaya da na biyu, sa A ko B bisa maki, janyo suna daga wani shafi, duk da SUM da AVERAGE da RANK da IF da VLOOKUP ɗin da ka saba, rubutunsu ɗaya ne. Har XLOOKUP an ƙara a fitowar 2024. Buga katin sakamako na kowane yaro daga jadawali ɗaya ma Writer yana yi. Inda za ka iya cin karo da matsala shi ne idan wani ne ya gina muku fayil ɗin da makro, irin mai maɓallan da ake dannawa komai ya cika da kansa. Waɗannan da yaren VBA na Microsoft ake rubuta su, Calc yana fahimtar wani sashe, ba duka ba. Ka ɗauki kwafin sakamakon zangon da ya wuce ka buɗe a Calc, ka kwatanta lambobin ɗaya bayan ɗaya. Ka yi wannan a lokacin hutu, ba makon da iyaye ke jiran kati ba.

Idan makro ɗin ya ƙi, to ku sayi lasisi na gaske wa kwamfuta ɗaya tak, sauran su zauna a LibreOffice. Office 2024 na saye sau ɗaya, wanda aka yarda a yi harkar kasuwanci da shi, dala 250 ne a farashin Microsoft lokacin da ya fito, na gida kuma dala 150. Da wannan za ka auna maganar mai lambar araha. Abin da kamfani ke sayarwa dala 250 ba zai zo hannunka a kuɗin katin waya ta hanyar arziki ba. Yawanci lambobin wata ma'aikata ne aka sato, ko lamba ɗaya aka sayar wa mutum hamsin, tana aiki wata biyu a toshe ta. Mafi muni shi ne wanda za a ba ka imel da kalmar sirri a ce ka shiga da su. Wannan asusun wata makaranta ne ko wani kamfani a wata ƙasa, kuma mai kula da shi yana da ikon ganin duk abin da ka ajiye a ciki, ya kuma rufe shi ranar da ya ga dama.

Shin amfani da Office na kirak haramun ne? Ai kamfanin ya fi ƙarfin abin da zan ba shi. — Wani bawan Allah, Bauci

Ɗan'uwa, ni mai gyaran kwamfuta ne, fatawa sai malamai. Abin da zan iya gaya maka shi ne majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta zauna a Kuwait a 1988 ta yanke cewa haƙƙin wallafa da na ƙirƙira haƙƙoƙi ne da shari'a ta kare, bai halatta a keta su ba. Ta fuskar dokar ƙasa kuma, dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a 2023, ta haɗa da manhajar kwamfuta, kuma wanda ke zuba wa mutane yana karɓar kuɗi ya fi kowa shiga haɗari.

Mu da muka ga yadda satar fasaha ta durƙusar da masu shirya finafinai da marubutan littattafai a Kano, bai kamata abin ya zama mana baƙo ba. A da mutum zai ce lalura ce, ba shi da wata hanya. Yau ga wadda masu ita suka ce ɗauki kyauta, har ka raba wa wasu. Ni a ganina hujjar lalura ta yi rauni ƙwarai.

Malam, ina koyar da Hausa, ba ni da kwamfuta sai waya. Wace manhaja zan yi amfani da ita, kuma yaya zan samu haruffa masu lanƙwasa? Idan na kai a buga sai su koma akwati-akwati. — Malama, Maraɗi

Malama, sannu da ƙoƙari. A waya ba ki da buƙatar kirak ko kaɗan. Google Docs kyauta ce, kuma za ki iya sa takarda ta buɗu ko babu sabis. Word na waya ma yana barin a yi rubutu da gyara kyauta a ƙaramin allo. Akwai WPS Office ta kamfanin Kingsoft na ƙasar Sin, wadda mutane da yawa suka saba da ita. Halas ce, sai dai talla ta yi mata yawa. Abin da zan ja miki kunne a kai shi ne waɗanda ake turowa a WhatsApp ko Telegram wai an cire musu talla an buɗe komai. Kirak ne shi ma, kuma a wayar da saƙon banki ke shigowa. Daga Play Store kawai za ki ɗauka.

Haruffan kuwa, ki shiga saitin Gboard, wato allon rubutun waya na Google, ki ƙara Hausa a jerin harsuna. Daga nan idan kika danne k ko d ko b ko y na ɗan lokaci za ki ga ƙ da ɗ da ɓ da ƴ sun fito. A kwamfuta ma Windows tana da allon rubutun Hausa a saitin harshe, yana aiki a Writer kamar yadda yake yi a Word. Akwatunan da kike gani suna fitowa ne idan salon haruffan da ke kwamfutar mai shagon ba shi da waɗannan baƙaƙe, abin da aka fi samu a tsofaffin kwamfutoci. Maganinsa ki mayar da takardar PDF tun a wayarki, ki buɗe ki tabbatar kowace ƙ da ɗ ta fito daidai, sannan ki tura masa PDF ɗin. Ki ce masa ya buga yadda yake, kada ya kwafe rubutun ya zuba a Word ɗinsa.